Fuskar Iya Dije a Jikin Farin Zane

Idan aka gama cirar auduga a Gozaki, mukan kewaye kakarmu Iya Dije a bakin murhu bayan isha'i. Tana kaɗi tana ba mu tatsuniya, wutar kara na haska rabin fuskarta.

Wata shekara Kawu Sale ya zo da abokinsa Rasaki, ɗan wani Bayarabe mai shagon hoto a Funtua. Rasaki yana da ƙaramar na'urar ɗaukar fim, kuma ba abin da yake ɗauka sai fuskokin mutane. Ya roƙi Iya ta zauna masa da hantsi, yana ta sauya gilasai masu launi a bakin na'urar. Da fim ɗin ya wanku, ya dawo ya kafa farin zane a zaure, ya kunna majigi. Sai ga Iya, ba murya, fuskarta ja, can ta koma shuɗiya, can koriya, tana ƙifta ido a hankali.

Kawu ya fusata, ya ce an mai da uwarsa aljana a gaban maƙwabta. Ya ƙwace faifan, ya ce gobe wuta za ta ci shi.

Iya ta sa aka kira shi ya zauna cikinmu, ta ɗauko tatsuniya. Wata yarinya ce ba ta taɓa ganin fuskarta ba. Ta je karofin marina ta leƙa ruwan baban rini, ta ga kanta shuɗiya. Ta leƙa tulun mai manja, ta ga kanta ja. A tafki mai gansakuka kuwa ta fito koriya. Ta koma gida da kuka, wai ba ta san wacece ita ba. Uwarta makauniya ta shafa fuskarta, ta ce ai duk ukun 'yarta ce, ruwan ne ya bambanta.

"Sale," in ji Iya, "kai da idon ɗa kake kallona. Babanka da wani ido ya kalle ni. Yaron nan ma yana da nasa. Ni sai yau na ga yadda nake ƙifta ido. Mayar wa yaron kayansa."

Kawu ya mayar, yana ƙunƙuni.

Na daɗe ina zaton Iya sulhu kawai ta yi. Sai bayan rasuwarta, lokacin na girma, Kawu ya ce in raka shi Funtua. Ya roƙi Rasaki ya kunna masa fim ɗin. Ina gefensa na gane abin da take nufi: kowa da ruwan da yake ganin mutum a ciki, kuma babu wanda ya gan shi duka. Da koriyar fuskar ta bayyana, Kawu ya share ido da bakin rigarsa, ya ce a hankali, "Rasaki, maido wannan wurin."