Ranar da Na Kulle Yaya

A shekarar da hankalin Yaya ya taɓu, wata tashar talabijin tana maimaita wani tsohon wasan Sifaniyawa bayan la'asar. An ɗora masa Larabci, baki na tafiya daban, magana daban, hoton duk ya koɗe kamar zanen da ya sha wanki. Labarin wata baƙauya ce da ta ce Ubangiji yana yi mata magana. Ni tsaki nake ja in wuce. Yaya kuwa, da ta daina gane maƙwabta tun rasuwar mijinta, ba ta taɓa kuskure lokacin wasan ba.

Ɗaki ɗaya muke a unguwar Hindawiyya, a ƙasa mai tsarki, kuma ba mu da iƙama, wato takardar zama. A asibiti takarda ake fara tambaya, daga nan sai tarhil, a ɗora mutum a jirgi, ga shi ba wanda ya rage mata a gida. Don haka zamzam da ruƙiyya muka riƙe, ni kuma kullum da safe ina unguwar Shisha ina goge gidajen mutane.

Ranar da a wasan 'yan'uwan matar suka kai ta gidan mahaukata, Yaya ta yi kuka har da majina. Na ce, "Haba Yaya, wasa ne fa, kuma Kirista ce."

Ta ce, "Miskina, ba mai yi mata addu'a."

Washegari na dawo na tarar ba ta nan. Wata 'yar Cadi mai sayar da turare ce ta kawo ta, ba takalmi. Ta ce a hanyar Harami ta tsince ta, ta tare wani askari tana roƙon ya nuna mata inda za ta yi wa Basifaniyar ɗawafi. Saura ƙiris a tambaye ta takarda.

Ban ko ci abinci ba na fita na sayo kwaɗo.

Da safe ina murza makulli na ji ta jingina da ƙofar. Muryarta garau, irin ta da, ta ce, "Ƙanwata, su 'yan'uwan Basifaniyar dai ba su san Ka'aba ba. Ke fa?"

Na jefa makullin a jaka na sauka neman tasi. Haka na riƙa kulle ta kowace safiya har Allah ya karɓi abinsa, kuma ban yafe wa kaina ba.