Kawu da Kwamfutar Ajiya

Ni da Kawu, ƙanen mahaifiyata, jininmu bai taɓa haɗuwa ba. Shi ya ɗauko ni daga Maraɗi ya kawo ni Sabha a saman kayan babbar motarsa, kuma bai bar ni na manta da wannan alheri ko na yini guda ba. So ya yi in zama yaron motarsa, wata rana in gaji sitiyari. Ni kuwa da na ga yadda hamada take tsotse mutum, sai na lallaɓa na sami aiki a wani shagon gyaran waya da kwamfuta a unguwar Mahdiya, wurin wani Balarabe da muke ce wa mudir, wato mai gida. Tun daga ranar Kawu ya daina kiran sana'ata da sunanta. Duk wanda ya tambaye shi aikin me nake yi, sai ya taɓe baki ya ce, "Latse-latse."

Bayan wasu shekaru motar ta kwanta da shi a hanyar dawowa daga Agadas, ta murƙushe masa ƙafar dama. Mai motar ya karɓi makulli ya ba wani, Kawu ya koma zaman ɗaki a unguwar Gurda. Ƙafa ta tafi, amma bakin yana nan da kaifinsa. Abu ɗaya ya rage masa a duniya, shi ne sunan da ya yi wajen riƙon ajiya. Matafiya masu wucewa arewa a wurinsa suke barin kayansu, domin a shingayen hanya da ake kira bawaba, abu mai kyau ba ya wucewa a hannun baƙo. Ƙarƙashin gadonsa maƙil yake da jakunkunan mutane. Ƙa'idarsa kuwa kowane direba ya haddace ta: ajiya ba a buɗe ta, ba a ƙara mata, ba a rage mata. Ya taɓa zage ni tas a gaban baƙi don kawai na matsar da wata jaka zan share ƙasa.

Wata ranar Litinin da la'asar ya aiko a kira ni. Na same shi zaune a kan tabarma, gabansa ga wata tsohuwar kwamfutar tafi-da-gidanka a buɗe.

"Ruhe ƙohwa," ya ce, ko amsa gaisuwata bai yi ba. "Wagga na'ura ta ƙiya. Duba ta."

Na san jakar da ke gefenta. Ta wani saurayi ce ɗan Kano da Kawu ya ɗauko a tafiyarsa ta kusa da ƙarshe. Yaron ya bar kwamfutar a nan, ya ce in ya tsallake teku zai aiko a karɓa. Bai tsallake ba. Labarin ya daɗe kafin ya isa gidansu, kuma yanzu, in ji Kawu, wan yaron ya shigo Sabha da kayan fatauci, ya aiko cewa ranar Juma'a zai zo ya karɓi abin da ƙanensa ya bari.

Na jawo kwamfutar. Madannan kibau sun suɗe suna ƙyalli, akwai ɓurɓushin goro a tsakaninsu, ga zoben ƙoƙon shayi ya bushe a kusurwa. A kan allo akwai hoton wani tsohon wasan tuƙin manyan motoci. Na danna shi, allo ya yi baƙi, ya dawo, shi ke nan. Sai a lokacin na gane. Yaron ne ya nuna masa wasan kafin ya tafi, yana tsokanarsa wai ga motar da ba ta shan mai. Da ƙafa ta zaunar da Kawu, sai ya jawo ajiyar mutane yana tuƙi a ɓoye, har ranar da aka ɗauke wuta yana tsakiyar hanya. Batirin ya daɗe da mutuwa, kwamfutar ta mutu tare da wutar, wasan ya lalace. Wan yaron kuwa ya san wasan, tare suke yi a gida. In ya buɗe ya ga ya ƙi tashi, ko ya ga alamar hannun wani, kafin shayi ya huce duk Gurda ta ji.

Wallahi daɗi ya kama ni har cikin ƙashi, ba zan ɓoye ba.

"Kawu," na ce, "ashe ku ma kuna latse-latse?"

Ya ɗago sandarsa ya nuna ni da ita. "Ban kira ka ka yi mini wa'azi ba. Za ka iya ko ba ka iyawa?"

A shagonmu maganin kowace cuta ɗaya ne: fomate, wato a wanke na'ura tas a sake zuba mata komai sabo. Mudir ba ya son a ɓata yini ana bin ciwo ɗaya. Na gaya wa Kawu haka, ina sane da abin da zai biyo baya.

"In ka goge ko ɗigo guda cikinta," ya ce, "kak ka sake taka ɗakin ga. Hotunan uwatai na ciki. Yadda anka ba ni ita, haka za ni maishe ta."

Ya kuma hana ni fita da ita, kada wani direba ya gan ni da jakar. Don haka kullum in na tashi daga shago sai in hau motar haya zuwa Gurda, in zauna a ɗakin da ke warin man zafi, ina aiki yana tsaye a kaina da baki.

Abin da na fara yi shi ne neman inda wasan yake adana tafiyar masu wasa. A wannan wasa kowa yana buɗe direbansa da motarsa. Na sami direbobi biyu, na kwafe su duka a kan kile, ɗan abin nan da ake soka wa kwamfuta a ɗebi fayil, na sa a aljihu. Sannan na cire lalataccen wasan. Allah ya taimaka faifan asali yana cikin jakar, amma yashin Sabha ya riga ni zuwa wurinsa, ya zane shi kamar tiren da aka daɗe ana yanka albasa a kai. In na sa shi don in sake zuba wasan, girkawa ta yi nisa, sai ta tsaya cak a wuri ɗaya, faifan yana gurnani. Na ɗauko man goge baki na shafa masa, na goge da tsumma daga tsakiya zuwa baki.

"Man haƙora!" Kawu ya ce. "Wanga shi na ilimin da ka guje wa mota dominai?"

Na kwashe duk abin da ke faifan zuwa cikin kwamfutar a hankali, fayil ɗin da ya ƙi in sake gwada shi, don kada in ƙara dogara da faifan. Ina cikin girkawa aka ɗauke wuta, komai ya mutu. Kawu ya ce ni ne mai farar ƙafa, kafin in zo wuta ba ta yi masa haka. Na tuna masa da ladabi cewa ɗaukewar wuta ce ta kawo mu nan tun farko. Ya jefe ni da takalmin ƙafarsa mai lafiya.

Washegari na aro igiya mai tsawo na jawo wuta daga injin mai walda na maƙwabta. Wannan karon girkawar ta ƙi farawa sam, wai akwai tsohon wasan a ciki, alhali na cire shi. Sai da na bi lungu-lungu na share guntayen da ya bari. Ta girku. Na danna, sai ga saƙo wai wani fayil ya ɓace. Manhajar da ke gadin kwamfuta daga ƙwayoyin cuta ce ta ɗauke shi ta kulle, ta zaci ɓarawo ne. Na sako shi, na gaya mata ta bar shi ya wuce. Na sake dannawa, allo ya yi baƙi. Wasan ya girmi tsarin kwamfutar, dole sai na yaudare shi ya ɗauka yana zamaninsa, na ba shi cikakken izini, na kuma saka masa wata tsohuwar manhajar zane da ke ɓoye a cikin faifan. Ya buɗe, amma hoton ya miƙe, tayoyin mota sun zama kamar ƙwan agwagwa. Na rage girman allon ya daidaita. Sauti kuma babu, sai da na tono inda aka kashe shi.

Duk wannan Kawu yana gefe yana ba da umarni a kan abin da bai sani ba. In na yi shiru ina tunani, ya ce na kasa. In na yi sauri, ya ce zan ɓata kayan mutane. Sau da yawa na ji kamar in tashi in bar masa kayansa, in je majalisar direbobi in zauna in sha shayi, in bar maganar ta zame daga bakina. Na san wanda zan fara gaya wa ma. Abin da ya riƙe ni bai wuce tunanin mahaifiyata ba, da yadda za ta ji a Maraɗi.

Ranar Alhamis da la'asar na mayar da direbobin biyu wurinsu, na buɗe wasan. Ƙarar inji ta cika ɗakin. Na ga yatsun Kawu sun motsa a kan gwiwarsa. Direban yaron yana nan da jar motarsa, a tsaye a wani gidan mai inda ya bar ta. Kawu bai taɓa hawanta ba, wannan kam na shaida. Ƙasa da ita ga koriyar mota, launin tasa ta gaske, ta zagaye taswirar wasan kaf, babu garin da ba ta shiga ba. Mutumin da ba ya karanta Turanci ko kalma ɗaya, da hotuna da taurin kai ya yi wannan tafiyar.

"Goge koriyar," ya ce.

"Ko za ku ɗan taɓa ta kafin nan?" Da gaske na faɗa, ba da tsokana ba, amma shi bai ji haka ba.

"Mi ka ɗauke ni, yaro? Na ce goge."

Na goge. Na ce masa ai kwafinta yana kan kile, ba ta ɓace ba. Ya dube ni sama da ƙasa. "In soka shi ina? Cikin hancina?" Ya karɓi tsumma ya shiga goge madannan da kansa, yana tsince goron da tsinke.

Wan yaron ya zo bayan sallar Juma'a, tare da direbobi biyu da suka rako shi. Dogon mutum ne mai gajiyayyar fuska. Aka yi gaisuwa, aka yi wa mamaci addu'a. Kawu ya jawo jakar daga ƙarƙashin gado ya miƙa masa da hannu biyu.

"Buɗe ka gani, Alhaji. Komi na nan."

"Haba Baba, ai ba sai na buɗe ba. Kowa ya gaya mini waye kai." Ya rataya jakar, ya yi godiya, suka fita. Direbobin suna ta jinjina kai, Kawu kuma ya zauna yana kallon wurin da jakar take.

Da hantsin Asabar ina shago sai ga wan yaron ya shigo. Bai gane ni ba, jiya ina rakuɓe a bayan ƙofa ne. Ya ɗora jakar a kan tebur ya ce a wanke kwamfutar tas, ya sami mai saye a kasuwa. Na ce akwai hotuna a ciki, har da na mahaifiyarsu, akwai kuma wasan da ƙanensa yake yi. Ya ce hotunan suna da su a waya, wasan kuwa ba ya son ko jin ƙararsa. Muryarsa ta ɗan karye da ya faɗi haka, sai na kasa jin haushinsa yadda na so. Mudir ya ɗago kai daga wayarsa ya ce, "Yalla, maza, fomate." Na yi. Kafin mutumin ya shanye shayin da aka ba shi an gama, jar motar da gidan manta da duk wahalar makon sun tafi.

Da yamma na kai wa Kawu burodi da madara kamar yadda na saba. Na yi niyyar in gaya masa, har na shirya yadda zan jera maganar don ta fi shiga. Na same shi zaune a inda na bar shi jiya, hannuwansa a kan gwiwa, babu abin da za su riƙe.

"An ce an ga mutumin nan ya shiga shagonku," ya ce. "Ya buɗe ta?"

"Ya buɗe, Kawu."

"Ya ga motar ƙanen nashi?"

"Ya gani. Ya ce a ƙara yi muku godiya."

Ya sauke numfashi. Sannan ya juyo da sandar nan ya nuna ni. "Ka gani ko? Da na biye maka da ka wanke ta, kai da Balaraben naka. Ba ku san darajar kayan mutane ba, ba kuwa za ku taɓa sani ba. Aje burodin ka ba ni wuri."

Na ajiye burodin na fita. Kile ɗin yana aljihuna, da koriyar motar da jar duka a ciki, kuma har Kawu ya koma Maraɗi bai taɓa tambayata shi ba.