Yayana A-Sake

Yayana bai taɓa gama cin abinci a zaune ba. Zai yi loma biyu, ya miƙe da kwanon a hannu, ya leƙa taga, ya dawo ya tambaye ka abin da ka riga ka faɗa masa. Innarmu ta yi faɗa har ta gaji, ta koma cewa ƙaiƙayi gare shi a tafin ƙafa. Ni ce ƙanwarsa, tela ce, kuma shekara goma sha tara ina ɗinka kayan da 'yan wasansa ke sawa, saboda haka abin da zan faɗa ba a bakin wani na ji ba.

Da shagon ɗaukar hoto ya fara, a bakin titi, mai labule da zanen teku. Bai cika shekara biyu ba ya ce ya gaji da mutanen da ke tsayawa ƙiƙam suna riƙe numfashi. Ya bar wa abokinsa shagon, ya shiga gidan talabijin yana riƙe kyamara a ɗakin labarai. Nan ma bai bar kowa ya sha ruwa ba. Ana tsakiyar karanta labarai zai lallaɓa ya gyara fitila. Don su huta da shi suka tura shi sashen wasan kwaikwayo, wani dogon ɗaki a bayan ginin, mai fanka ɗaya wadda dole a kashe ta in za a ɗauki murya. A cikin wannan zafin ya zama darakta, a can kuma ya samo sunansa. Ɗan wasa zai buɗe ƙofa ya shigo, Yaya ya ce a sake. A sake ɗin, ya ce na farkon ya fi, amma a ƙara ɗaya. Har matarsa, in ya ɓata mata rai, A-Sake take kiransa.

Ya yi finafinai bakwai, ɗaya ya ajiye shi a rabi don ya daina son labarin. Amma abin da ya sa aka san shi wani shiri ne na mako-mako a kan gidan haya mai hawa uku da rigingimun mazauna cikinsa. Wanda ya riƙe shirin wani dattijo ne, tsohon ma'aikacin gidan waya, da Yaya ya tsinta a layin asibiti yana ba marasa lafiya dariya. Shi ke fitowa a maigadin gidan, har sunan ya bi shi, ko a kasuwa Baba Maigadi ake ce masa. Ni na ɗinka masa kakinsa, na bar maɓalli ɗaya yana lilo, don yana son murza shi in yana magana.

A shekara ta shida, wata Talata, Baba bai zo ba. An kunna fitilu, an kashe fanka, muna ta zufa, Yaya yana kai-komo tsakanin ƙofa da kyamara. Wajen sha ɗaya 'yar Baba, wadda malamar makaranta ce, ta kira. Ta ce Baba ya faɗi da safe, ɓarin jikinsa na dama ya shanye, magana kuma ta ƙi fita.

Manajan gidan talabijin ya ba Yaya zaɓi biyu: ko a kashe maigadin a cikin labari, ko a kawo wani ya sa kakin. Yaya ya ce bai ji ko ɗaya ba. Mako uku yana kewaye-kewaye a rubutu, yau maigadi ya yi tafiya, gobe an ce motarsu ta lalace a hanya. Masu kallo suka fara kiran waya suna tambaya. Shi kuwa ya rame. Zai shigo shagona ya zauna a kan tarin yadi, ya tashi, ya ɗauki almakashina ya ajiye inda ba zan gani ba, ya karanta mini shafi biyu, kafin in buɗe baki ya yaga su.

Ranar da muka fara zuwa duba Baba a gida, Malama ta tare mu a bakin ƙofa.

"Kawu, in gaisuwa ce, bismillah," ta ce. "In kuma kyamara ce, Baba ba abin kallo ba ne."

Yaya ya nuna mata hannuwansa wayam. Daga ranar ya riƙa zuwa kusan kullum. Ɗakin ƙarami ne, gado da kujera ɗaya da tebur cike da magunguna, taku uku ka kai bango. A nan yake zarya yana ba Baba labarin shirin makon, yana kwaikwayon muryar kowa, idon dattijon na bin sa hagu da dama. Malama ta ce mini kallonsa kaɗai yana sa ta jiri.

Wata rana ina wurin, sai Yaya ya faɗa, kamar ba komai ba, cewa manaja ya samo wani sabon maigadi, har an ce in rage kakin don mutumin siriri ne. Baba ya daki katifa da hannun hagu. Ya sake duka. Ya nuna ni, ya nuna ƙirjinsa, bakinsa yana motsi ba abin da ke fita. Malama ta ja Yaya waje ta wanke shi tas, ta ce da gangan ya yi. Ya rantse ba haka ba ne. Ni da na san shi tun ina rarrafe, har yau ban yarda da rantsuwar nan ba.

Kwana biyu Baba yana kawar da kai in Malama ta kawo abinci, sai ta sauko, ta yarda ya koma gaban kyamara. Ta kafa sharuɗɗa: da safe kawai, awa ɗaya, kuma ba za a nuna komai ba sai ta gani ta amince.

Yaya bai ɓoye ciwon ba. A labarin ma maigadi ya dawo daga asibiti da shanyewar jiki. Na farke hannun rigar na dama na sa masa maɓallai don ta shiga da sauƙi. Aka zaunar da shi a bencinsa na bakin get. Abin da za a ɗauka kaɗan ne: wata 'yar haya tana ta fama da kwaɗo ya ƙi buɗuwa, maigadi yana kallonta, can sai ya laluba aljihu da hannun hagu ya miƙa mata makullin da ya dace. Babu magana ko ɗaya.

Aka ɗauka. Yaya ya duba ƙaramin allon da ke gabansa, ya ce ya yi, a kashe fitila. Mai kyamara ya waiwayo yana kallonsa, don bai taɓa jin haka a karon farko ba. Sai Baba ya girgiza kai. Ya yi ta kokawa da harshensa, muna tsaye ba mai motsi, har kalmar ta fito.

"Sake."

Dariya ta ɓarke a ɗakin. Malama ba ta yi ba, ta juya ta fuskanci bango, don wata biyu ke nan ba ta ji kalma sosai daga bakinsa ba. Sau huɗu aka ɗauka, kuma gaskiyar Baba ce, na ukun ya fi kyau.

Baba ya fito a shiri tara bayan wannan, a hankali har ya koma tafiya da sanda yana haɗa kalma biyu-uku. Mutane suka ƙara son shirin fiye da da. Daidai lokacin Yaya ya shiga ofishin manaja ya ce ya gama, ba shi da sauran abin faɗa a kan gidan hayan nan. Ya miƙa aikin ga matar da ta daɗe tana tace masa hotuna. Manaja ya ce ba shi da hankali, matar Yaya ta yi mako ba ta kula shi ba, Baba ma ya yi fushi, sai da Yaya ya yi ta sintiri zuwa gidansa kafin ya huce.

Yanzu Yaya shekararsa sittin da ɗaya. Gwiwarsa ta dama tana kumbura, likita ya ce ya rage yawo. Makon jiya ya faɗo shagona yana ɗingishi, ya ce zai yi fim a kan masu sharar titi, yana son riguna goma sha biyu masu ƙyalli kafin Alhamis, kuma su yi kamar an shekara ana sa su. Na tambaye shi ina labarin, ya ce yana zuwa. Na ce to ni ba zan iya ba, ina da ɗinkin mutane jibge. Ban san ko ya ji ni ba, don ya riga ya tsallaka titi ya tare wata mata mai tsintsiya da baro, yana ta zuba mata tambayoyi, motoci na yi masa hon. Na tura kayan mutane gefe, na fara neman tef ɗin awo.