Rabin Shagon Tsire da Sarkin Birtaniya

Shekarun baya, wata Juma'a bayan la'asar, muna zaune a gidanmu na unguwar Misfala a Makka. Akwai ni, da maigidana Allah ya jiƙansa, da 'ya'yanmu mata biyu, sai ƙanwarsa da ta zo daga unguwar Zahir. Kafilinmu, ɗan ƙasar da ke tsaya mana a wajen hukuma, bai daɗe da fita ba, ko kofin shayinsa ba a ɗauke ba.

Mu ta Sudan iyayenmu suka shigo, ba mu da jinsiyya, wato takardar zama 'yan ƙasa, don haka shagon tsiren maigidana da sunan wannan bawan Allah yake. A ranar ne maigidana ya ce masa ya ba shi rabin shagon kyauta, rabi kuma na yara. Dabararsa ita ce, in ya mutu, mai rabi zai tsare wa marayu nasu rabin.

 Ni dai na sa ido, don aikina ke nan a gidan.

Ƙaramar 'yata tana gefe tana bitar jarrabawar tarihi da ƙarfi. Gwaggonta ta ce, "Ke, wa kike zagi da Larabci haka?"

Ta ce, "Ba zagi ba ne, Gwaggo. Mutanen Birtaniya ne na da can. Kowace ƙabila da sarkinta. Da Rumawa suka zo, wasu suka yaƙe su, wasu suka yi ƙawance da su, aka bar musu rawaninsu."

Babanta ya ce, "Masu hankali ke nan."

"Akwai wani ma, Baba, 'ya'yansa mata biyu. Ya yi wasiyya: rabin ƙasarsa ga sarkin Rum, rabi ga 'ya'yan, don a tausaya musu."

Ban san Rum ba, ban san Birtaniya ba, ko sunana ban iya rubutawa. Amma na ajiye faranti na ce, "Da ya mutu fa?"

Ta dubi babanta, ta yi ƙasa da murya. "Rumawan suka kwashe duka, Umma. Matar sarkin ta yi magana, suka yi mata bulala."

 Sai maigidana ya fashe da dariya. "Hajiya, daina yi min wannan kallon. Ni sarkin tsire ne. Kuma mutumin nan sahu ɗaya muke salla."

Na ce, "Alhaji, shi na yarda da shi. 'Ya'yansa fa, da su ka yi salla?"

Ya ce, "Halas, magana ta ƙare."

Ta kuwa ƙare. Kafilin bai taɓa cutarmu ba, gaskiya ɗaya ce. Amma ya riga maigidana rasuwa, shi ma maigidana bai jima ba ya bi shi. Ina cikin takaba 'ya'yan mutumin suka aiko cewa sunan da ke kan shagon na mahaifinsu ne, don haka shago nasu ne. Babu bulala, da sallama ma suka zo. An ce min matar sarkin nan ta tara mayaƙa ta ƙone garuruwa. Ni ko ƙofar gida ban iya fita ba.

Mutane na cewa ai na hango. Wallahi da na so a ce ni ce na yi kuskure, maigidana yana raye yana tsokanata da shi. Har yau in zan je Harami nakan canja hanya, don hayaƙin shagon nan nasa ne, ba na son in shaƙa.

Abu ɗaya kawai bai shiga rabon ba. Yajin tsiren ni nake haɗa shi, kuma a bayan shago nake dakawa, gaban kowa. Washegarin waccan Juma'ar, da safe, na sa aka ɗauko min turmina aka kawo gida. Na rufe ƙofa, na hana ƙaramar zuwa bita, na zaunar da su biyun a gabana.

Na ce, "Ku buɗe ido. Wannan ba a rubuta shi da sunan kowa."

Da shi suke ci har yau.