Kabejin Baba Enzo

Har yau ina jin ƙarar wuƙar nan a kunnena, ranar da na raba kabeji biyu a kicin ɗin Baba Enzo. Ku da kuka shigo aikin kula da tsofaffi a gida kwanan nan, kun san tsarin: wanka, abinci, tuna musu magani, sai nas ta leƙo ta duba.

Dattijon ɗan Italiya ne, a can ya yi aikin fim, shi ke haɗa sauti. Tun rasuwar matarsa ya daina magana, abinci ma sai da lallashi. 'Yarsa, malamar jami'a, ta ce in abin bai canza ba gidan tsofaffi za ta kai shi, ga shi ko sunan wurin aka ambata sai ya kau da kai. Ta umarce ni in riƙa kunna masa manyan finafinan da ya yi wa aiki, masu lambar yabo. Allah Ya yafe mini, a cikinsu mutum kan tsaya kallon taga har shinkafata ta nuna.

Ranar nan ina sara kabejin, sai na ji muryarsa daga falo: “Wannan wuya ne.”

Na yi a'uziyya. Ya sa na kawo masa sauran. Ashe da kabeji suke yin ƙarar sara a finafinan tsoro, da ɓawon kwakwa kuma gudun dawakin kaboyi. Ya ce ɗaki ɗaya ne, ma'aikatan ma su ne dai: da safe fim ɗin masana, da yamma na 'yan kasuwa, kuma na yamman ne ke cika silima.

'Yar ta shigo ta tarar yana sukuwa a kan tire da ɓawon kwakwar da na samo masa, ya cinye taliyarsa tas. Ta tuna masa cewa da manya ya yi aiki.

Ya ce, “Takun mai kallon tagar nan naki, da takun mai kisa a fim ɗin tsoro, duk takalmina ne.”

Ta yi dariya har da hawaye. Maganar gidan tsofaffi ba ta sake tasowa ba. Daga nan na koyi tambayar tsoho aikin da ya ji daɗinsa, ba wanda 'ya'yansa ke alfahari da shi kaɗai ba.

Na ba yarana labarin a gida, a unguwarmu ta Mount Hope. Washegari ina yanka kabeji, autata, haihuwar nan ƙasar waje, ta leƙo, da Hausarta mai ɗingishi ta ce, “Umma, yau kuma wa kika kashe?”