Kafaɗun da Suka Ƙi Tsayawa

A layin maƙera, wata mata tana durƙushe gaban wani tsohon maƙeri, kyamara a kafaɗarta. Mai sayar da igiya, wadda rumfarta ke kallon maƙerar, tun hantsi take nazarinta. Doguwa ce, wuya a miƙe, ba kwalliya, amma ko jaka za ta ɗauka sai ta lanƙwasa kamar taro na kallonta. Wannan kam, in ji mai igiya a ranta, ta daɗe tana rawa a dandali kafin ta koma ɗaukar fim ɗin rayuwar mutane. Wataƙila gwiwa ce ta gaza.

Matsalar ita ce, gudumar tsohon tana da kiɗa. Da ya fara bugu sai kafaɗun mai kyamarar su amsa, hoton ya yi ta girgiza. Sau uku ke nan tana duba abin da ta ɗauka tana tsaki.

"'Yata, wannan ne ƙarfen ƙarshe a wuta," in ji tsohon. "Gobe yarana za su rufe wurin. Ko ki ɗauka, ko ki taka."

Ta yi dariyar yaƙe, ta waiwayo. "Yaya, don Allah zo ki danne ni."

Mai igiya ta bar rumfa, ta dafe kafaɗun nan da hannu biyu. Guduma na sauka, kyamara ko motsi, har ƙarfen ya huce.

Tsohon ya share gumi, ya nuna ƙafar mai igiya da ke ta bugun ƙasa.

"Ita dai ta tsaya. Ke kuma wa zai danne ki?"