Muryar Inna a Ƙofa Huɗu

Ina zaune a bakin wani shagon gyaran rediyon mota a Dutse, idona na kan wani magidanci mai furfura a gemu. Tafin hannunsa duk kanta, irin ta wanda ya daɗe da fartanya. Motarsa sabon saye ce, ko ledar kujeru bai cire ba. Yana zaune a ciki, ya manna wayarsa a jikin allon motar, yana jira su san juna.

"Alhaji, ba sai sun taɓa juna ba," in ji mai shagon. "Kunna bulutut a wayar, ka danna sunan motar."

Ya danna da yatsa ɗaya, a hankali. Allon ya yi ƙara.

"Ta kama! Wallahi ta kama!" Yana dariya har hularsa ta karkace. Nan take ya kira wata lamba.

Muryar wata tsohuwa ta fito ta kowace ƙofa: "Nata'ala, ka isa lafiya?"

Sai ya diro, ya tuɓe takalmi, ya durƙusa a ƙasa. Ya juya wajen ƙofar gaba, ya juya ta baya, ya rasa wadda zai fuskanta ya gaishe ta. Ina jin ya yi shekaru yana goya wannan tsohuwa a babur daga ƙauye zuwa asibiti.

"Inna, ina wuni? Kin san a cikin motarmu kike magana?"

"To, tunda ina ciki, me kake jira? Tayar mu tafi gida."